Kama da wane ba ta wane: pekari da dajin da ya cece shi

Daga shekarar 1904 zuwa ta 1969, jiragen ruwa masu bin kogin Amazon da rassansa sun yi ta sauke fatun namun daji a tashar Manawus ta ƙasar Birazil, daga nan kuma a tura su Turai da Amurka ta Arewa. A shekarar 2016 wasu masana bisa jagorancin André Antunes suka bi takardun lodin jiragen nan da rajistocin ciniki, suka ƙiyasta cewa an kashe dabbobi fiye da miliyan 23 domin fata a tsakiya da yammacin Amazon na Birazil cikin wannan tsakani. Wadda ta fi kowace yawa a lissafin ita ce wata ƴar dabba mai kama da gadu, da ake kira pekari mai farin wuya, wajen miliyan 5 da dubu 400. Abin mamaki shi ne, baƙin kada da babban karen ruwa da ayu, waɗanda adadin da aka kashe daga cikinsu bai kai haka ba, sun kusa ƙarewa ƙaf a wurare da yawa, alhali pekari yana nan yana yawo tun daga hamadar Arizona har arewacin Ajantina. Dalilin haka ya cancanci a tsaya a duba shi, musamman ga wanda abincinsa ke fitowa daga fatu da ƙiraga, da wanda aikinsa shi ne tsaron gandun daji.

Suna da kama

Mutanen kudu maso yammacin ƙasar Amurka suna kiran dabbar nan habalina, ko da yake da harafin "j" suke fara rubuta sunan, bisa ƙa'idar Sifaniyanci. Kalmar ta samo asali daga jabali, sunan da Sifaniyawa ke kiran aladen daji, su kuma sun aro shi daga Larabci tun zamanin Andalus, inda jabal ke nufin dutse. Sunan pekari kuwa, wanda Faransanci ya ɗauka, ya fito daga harshen Karibawa, ɗaya daga cikin al'ummomin da Turawa suka tarar a can. A ƙasar Peru ana ce masa sahino, a Birazil kuma kaititu.

Duk wanda ya fara ganinsa zai ce alade ne, saboda dogon baki da faffaɗan hanci na tonon ƙasa. Ko masanin nan na ƙasar Suwidin, Linne, da ya ba shi sunan kimiyya a 1758, cikin aladu ya saka shi. Amma Hausawa sun ce kama da wane ba ta wane. Alade da gadu gidansu ɗaya, kuma asalinsu Afirka da Asiya da Turai. Sai a tafiyar Kolombus ta biyu, cikin 1493, aka tsallaka da aladen gida zuwa nahiyar Amurka. Pekari shi ɗan ƙasa ne a can, da gidansa daban, kuma masana sun ƙiyasta cewa zuriyoyin biyu sun rabu fiye da shekara miliyan 30 da suka wuce.

Bambancin yana nan a jiki ga mai lura. Ƙaton gadu yakan wuce kilo 100, amma pekari tsakanin kilo 16 da 27 yake tsayawa, tsayinsa a kafaɗa kuma santimita 50 zuwa 60, wato bai fi matsakaicin bunsuru ba. Gashinsa mai tsauri ne, baƙi da furfura-furfura, sa'annan wani farin layi ya zagayo kafaɗunsa zuwa ƙasan wuya kamar an rataya masa sarƙa, daga nan ya sami laƙabinsa. Wutsiyarsa guntuwa ce ƙwarai, ba a ko ganinta cikin gashi. Alade yana da yatsu huɗu a ƙafar baya, pekari uku gare shi. Haƙoran alade 44 ne, nasa 38. Hauren gadu yana lanƙwashewa ya yi sama, amma fiƙoƙin pekari a miƙe suke, na sama suna kallon ƙasa, na ƙasa suna kallon sama, suna goga juna duk sa'ad da ya buɗe baki ya rufe, ta haka kullum a wase suke kamar aska. Tumbinsa ma ya rabu ɗaki-ɗaki, inda wasu ƙananan halittu ke ruɓar da ciyayi masu tauri kafin su wuce hanji, kusan irin na dabbobi masu tuƙa, ko da yake shi ba ya tuƙa.

Garke da wari

Abin da ya fi ruɗa Turawan farko shi ne wani ɗan rami da ke gadon bayan dabbar, gaba kaɗan da wutsiya. Marubucin Sifaniya Gonzalo Fernández de Oviedo ya rubuta a 1526 cewa aladun ƙasar nan cibiyarsu a baya take. Maganar ta daɗe tana yawo, har ma a farkon ƙarni na 19 masanin Faransa Georges Cuvier ya laƙaba wa jinsin wani suna na Girkanci da ke nuni ga cibiya biyu. Gaskiyar lamarin, jakar wari ce, kamar yadda tunkun juda ke da jakar jibda. Tana fitar da wani maiƙo mai ƙarfin wari, wanda mutum kan ji tun kafin ya hango dabbar.

Wannan wari shi ne takardar shaidar garke. Pekari ba ya zama shi kaɗai. Garkensa yakan kai shida zuwa goma sha biyu, maza da mata da ƴaƴa, wani lokaci ya fi haka nesa. Biyu daga cikinsu sukan tsaya kai da gindi, kowane yana goga kumatunsa a jakar ɗan'uwansa, har dukan garken ya zama warinsa ɗaya. Da maiƙon nan kuma suke shafa duwatsu da kututturan itatuwa domin shata iyakar yankinsu, wanda a busassun wurare yakan kai ƴan ɗaruruwan hekta. Baƙon da ya shigo da wani wari daban, kora ce rabonsa.

Dogaro ga hanci ya zama dole, domin ganin pekari gajere ne ƙwarai. In garke ya firgita, sai kowa ya tayar da gashin bayansa, ya saki wari, ya riƙa karo da haƙora da ƙara kamar ana buga ƙasusuwa, sa'annan a watse ta ko'ina. Sau da yawa wanda ya nufo mutum a guje ba hari ya kawo ba, hanyar tsira yake nema bai ga abin da ke gabansa ba. Amma uwa mai ƴaƴa, ko wanda aka rutsa a lungu, yana sara da fiƙoƙinsa, kuma raunin ba ƙarami ba ne. Manyan maƙiyansa su ne puma, wato zakin dutse na Amurka, da jaguwa mai kama da damisa, sai koyot, wani karen daji dangin dila, wanda ya fi farautar ƙanana.

Yadda garken ke riƙe da juna ya bayyana a wani abu da ya faru kusa da garin Prescott na jahar Arizona cikin watan Janairu na 2017. Wata mace ta mutu, sai wani yaro ɗan shekara 8 ya kafa kamara kusa da gawar domin aikin makaranta. Kwana goma ƴan garken suna dawowa, suna shinshina ta, suna tura ta da hanci kamar za su tashe ta, suna kwana jikinta, har suka kori koyot da suka zo ci. Daga baya masana suka buga labarin a mujallar kimiyya mai suna Ethology.

Haihuwarsa ma tana cikin abin da ya taimake shi. Ba shi da lokacin barbara guda. Duk tsawon shekara ana iya samun ƴaƴa, ko da yake a hamada sun fi yawa da damina. Ciki yana ɗaukar kwana 145 ko kusa da haka, kuma tagwaye ne galibi. Jariri yakan zo da jan gashi, nauyinsa wajen rabin kilo, kuma cikin kwana ɗaya ko biyu ya fara bin uwarsa. Mace takan isa ɗaukar ciki tun tana da wajen shekara guda. Ke nan garken da aka rage yana iya cikowa da sauri, muddin an bar masa wurin zama.

Daga hamada zuwa kurmi

Dabbobi kaɗan ne masu kofato ke iya zama a wurare masu bambanci irin na pekari. Ana samunsa a jahohin Arizona da Sabuwar Meksiko da Teksas, da ƙasar Meksiko, da duk Amurka ta Tsakiya, da tsibirin Tirinidad, da kurmin Amazon, har busasshen dajin Cako na Paragwai da Bolibiya da Ajantina.

A hamadar Sonora, wadda ta ratsa Arizona da arewacin Meksiko, ruwan sama a wasu sassa bai kai milimita 100 a shekara ba, zafin bazara kuma yana wuce digiri 45. Babban abincinsa a nan wani kaktus ne da ƴan Meksiko ke kira nopal, tsiro mai faffaɗan ganye mai kauri kamar tafin hannu, cike da ƙaya. Pekari yana cinye shi har da ƙayar, kuma da yake mafi yawan nauyin ganyen ruwa ne, yana iya yin kwanaki bai je mashaya ba. Yana kuma cin zuciyar agabe, wani tsiro mai kama da kabar giwa, da ƴaƴan itacen meskit na gidan su bagaruwa, da saiwoyi da yake tonowa da hanci. Da bazara, sai da asuba da almuru da dare yake kiwo. Rana na ɗagawa ya nemi kogo ko gindin dutse ko inuwar busasshen rafi ya kwanta. Sanyi ne ya fi cutar da shi, domin ba shi da gashi mai laushi a ƙarƙashin mai tsaurin, saboda haka da hunturu garken kan cure wuri ɗaya su ɗumama juna. Wannan rauni ne ya yi masa iyaka ta wajen arewa. A Arizona ma sabon zuwa ne: masu tonon kufai ba su cika samun ƙasusuwansa a tsofaffin garuruwan ƴan asalin ƙasar ba, kuma sai a ƙarni na 18 labarinsa ya fara fitowa a rubuce-rubucen ƴan mishan.

A kurmin Amazon kuwa, inda ruwa ya yi yawa, abincinsa ƴaƴan itatuwa ne da suka faɗo, da ƙwarar itatuwan dangin kwakwa masu taurin ƙodago, waɗanda muƙamuƙinsa ke fasawa. Wasu ƙwayoyin yana murƙushe su, wasu kuma suna fita da kashinsa su tsira nesa da uwarsu, ta haka yana da hannu a irin itatuwan da ke tashi a dajin. Ramukan da garke ke birgima ciki suna riƙe ruwa har cikin rani, kuma binciken da aka yi a gandun Manu na ƙasar Peru ya nuna kwaɗi iri-iri suna hayayyafa a cikinsu.

Kasuwar fata

Fatar pekari tana cikin mafi tsada wajen ɗinka safar hannu. Tana da laushi da ƙarfi, tana jure wanki, kuma ana gane ta da ƴan ramukan gashi da ke jere uku-uku. Masu ɗinkin Italiya da Jamus da Faransa, waɗanda suka san darajar fatar jar akuyar Maraɗi, su ne manyan masu sayenta. Wannan bukata ce ta cika jiragen Manawus da kaya shekara da shekaru, ta kuma sa aka yi wa dabbar kisan kasuwa a Teksas da arewacin Meksiko tun ƙarshen ƙarni na 19.

To, me ya sa kada da ayu suka durƙushe, pekari bai durƙushe ba? Amsar da binciken 2016 ya bayar ita ce hanya. A wancan zamani kogi shi ne hanya ɗaya tilo ta shiga kurmin. Dabbar da ke zaune cikin ruwa ba ta da wurin ɓuya, domin duk inda take kwalekwale yana isa. Amma maharbin da ya sauka gaɓa ƴan kilomita kaɗan yake iya kutsawa da ƙafa ya komo da kaya a kafaɗa. Masanan sun ƙiyasta cewa fiye da kashi 80 cikin 100 na dajin tudu ya zauna ba mai taka shi. Can ciki garkuna ke hayayyafa, rararsu kuma tana gangarowa ta cike gurbin waɗanda aka kashe kusa da kogi. Wato dajin da ba a isa gare shi ya zama rumbun da ba a taɓa irin shukar da ke ciki.

Daga baya dokoki suka zo. Arizona ta saka pekari cikin dabbobin da ba a harbi sai da izini a 1929, Teksas ta bi sahu a 1939. Birazil ta hana farautar kasuwa a 1967. Peru ta hana farautar sana'a a yankinta na Amazon a 1973, amma ta bar wa mutanen karkara damar harbi domin ci, da sayar da fatar abin da suka ci. A 1987 aka saka pekari mai farin wuya cikin jeri na biyu na yarjejeniyar CITES, wadda ke tsara cinikin namun daji tsakanin ƙasashe, amma a yau na Amurka da Meksiko ba sa cikinsa. Ma'anar jerin nan ita ce ba a hana ciniki ba, amma fata ba ta ƙetare iyaka sai da takardar izinin ƙasar da ta fito, bayan hukumarta ta tabbatar cewa fitarwar ba za ta cutar da jinsin ba.

Peru ce ta zama kan gaba wajen fitar da fatun bisa doka, da adadin da hukuma ke ƙayyadewa. Fatar takan tashi daga hannun maharbi zuwa ɗan kwalekwale mai saye ƙauye-ƙauye, zuwa manyan dillalai a biranen Ikitos da Pukalpa, zuwa majema, kafin ta isa Turai. Kamar yadda aka saba a irin wannan sarƙa, abin da ke shiga aljihun maharbi kaɗan ne in an gwada da kuɗin safar a kanti. A yankin Tamshiyaku-Tahuwayo na jahar Loreto, wanda aka keɓe wa al'ummomin wurin a 1991, masani Richard Bodmer da abokan aikinsa sun yi shekaru suna aiki da mazauna ƙauyuka. Maharba suna rubuta abin da suka kashe a rajista, ƙauye yana yanke adadin da kowa zai ɗauka, ana kuma ware wani sashe na daji da ba mai shiga da bindiga. Daga nan aka fito da tsarin ba da shaida ga fatun ƙauyukan da suka kiyaye ƙa'ida, domin su sami farashi mafi kyau. Abin da nisa ya yi wa pekari a da, shi ne mutanen nan suke ƙoƙarin yi da yarjejeniya tsakaninsu.

Hanyoyi, katanga da birane

Hukumar IUCN, mai lissafin halittun da ke cikin haɗari, ta saka pekari mai farin wuya cikin waɗanda ba a fargabar ƙarewarsu. Amma halin ƴan'uwansa biyu ya isa gargaɗi. Pekari mai farin leɓe, wanda garkensa kan wuce 100 kuma yake bukatar daji mai faɗin gaske, ya shiga jerin masu rauni a 2013, ya kuma ɓace daga mafi yawan tsohon mazauninsa a Meksiko da Amurka ta Tsakiya. Na ukun, pekarin Cako, masana sun san shi ta ƙasusuwa kawai tun 1930, suna zaton ya ƙare tuntuni, sai a farkon shekarun 1970 Ralph Wetzel ya same shi da rai a Paragwai, inda mutanen wurin suka daɗe da saninsa da sunan taguwa. Yau yana cikin haɗari sosai, domin ana sare dajin Cako ana mai da shi makiyayar shanu da gonakin waken soya.

A Amazon, tun da aka fara gina babbar hanyar Transamazonika a 1970, mota da babur suna kai maharbi inda kakansa bai taɓa zuwa ba, kuma kowace sabuwar hanya tana rage rumbun nan da ya ceci dabbar. A arewa matsalar ta ɗauki wata kama. Tsakanin 2017 da farkon 2021 an gina ko an sabunta fiye da kilomita 700 na katangar ƙarfe a kan iyakar Amurka da Meksiko, babban rabo a Arizona. Tsayinta a wurare da yawa mita 9 ne, tazarar da ke tsakanin sandunan kuma santimita 10, wadda babban pekari ba ya iya ratsawa. Garken da mashayarsa ke wancan gefe, makiyayarsa kuma wannan gefe, an raba masa gida biyu.

Birane ma sun ci daji. A unguwannin gefen Tuson da Finiks, garkuna suna shiga gidaje da dare, su kifar da kwandon shara, su cinye furannin da aka shuka, su far wa karnuka domin suna ɗaukarsu koyot. Mafi yawan cizon da ake samu yana da alaƙa da mutanen da suka saba ba su abinci, har tsoron ɗan adam ya fita daga ransu. Saboda haka a 2006 jahar Arizona ta yi dokar hana ciyar da namun daji a gundumominta masu yawan jama'a, da tarar da ke iya kai dalar Amurka 300. Cikin watan Oktoba na 2023 wani garke ya tone filin wasan golf kusa da garin Sedona yana neman tsutsa cikin danshin ciyawa, hotunan suka zagaya duniya, aka yi ta gardama kan wane ne ya shiga gonar wani.

Inda aka mayar masa da wuri kuwa, pekari ba ya wuyar komawa. An sake shi a fadamar Ibera ta arewa maso gabashin Ajantina tun daga 2015, ya kuma hayayyafa a can. A 2017 aka mayar da shi ƙasar Urugwai bayan wajen shekara 100 da ɓacewarsa. Dabba ce mai saurin haihuwa, marar zaɓen abinci, wadda ta jure kisan miliyoyi har shekara sittin da ƴan kai. Sharaɗinta guda ne, kuma takardun Manawus da rajistocin ƙauyukan Loreto duk shi suka nuna: a bar wani yanki na daji, mai haɗe da sauran, inda garke zai haihu ba a bi shi ba. Ɗan kasuwar da ke son fata baɗi, da ma'aikacin da ke sa hannu a takardar izini, da maharbin da ke neman naman gidansa, dukansu daga wannan yanki suke ci.